Wai ɗan wasa ne ke taɓa zuciya a fim ko edita?

Malam Habu: Ni dai ina nan kan bakana, abin da kake ji a ranka in kana kallon fim ba ɗan wasa ne ya sa maka shi ba, yadda edita ya jera hotuna ne. Kuleshov, wani mai shirya fim na Rasha, wajen 1920 ya ɗauki fuskar ɗan wasa wadda ba ta nuna komai, ya haɗa ta da kwanon miya, sai da gawar yarinya a akwati, sai da wata mace a kishingiɗe, 'yan kallo suka dinga yaba gwanintarsa wai nan yunwa nan baƙin ciki nan sha'awa, alhali fuskar ɗaya ce tak.

Zainab: Malam da girmanka fa, amma wancan gwajin hotonsa ya ɓata, labarin daga bakin ɗalibinsa Pudovkin aka fi jinsa. Kuma da aka sake gwadawa daga baya wasu sun ga tasirin wasu ba su gani ba.

Malam Habu: To ai ba shi kaɗai ba ne 'yata. Fim ɗin La Jetée na Chris Marker, daraktan Faransa, 1962, kusan gaba ɗaya hotuna ne a tsaye ba motsi, sai wuri ɗaya da matar ta buɗe ido tana kiftawa. Kifta ido fa! a wani fim ko lura ba za ka yi ba, amma a nan sai gabanka ya faɗi saboda an daɗe ana hana ka motsi.

Sadiq: Wannan na yarda wlh. Amma masu fim ɗin gwaji, irin wanda ba ya bin tsarin labari da aka saba, suna wuce gona da iri, Warhol, mai zanen Amurka, a 1964 ya kafa kyamara yana ɗaukar dogon benen Empire State na birnin New York, fim ɗin awa takwas ba abin da ke faruwa, haba wannan ai aikin maigadi ne.

Zainab: Yaya Sadiq kuma da gangan ya rage gudunsa, an ɗauka a hoto 24 cikin daƙiƙa ana haskawa a 16. In ba labari ido sai ya koma neman ƙananan abubuwa, fitila ta kunna ta mutu, kai kanka ka fara jin nauyin lokaci.

Sadiq: Au, kin koma ɓangaren Malam kenan?

Zainab: A'a, ni cewar da ya yi ɗan wasa ba komai ba ne ita ce ban yarda ba. A dogon ɗauka da ba yanka ko ɗaya, wato ba a katse hoton an koma wani ba, edita ina yake? Fuskar ce ke riƙe ka.

Malam Habu: Wa ya yanke shawarar kada a yanka ɗin?

Sadiq: Darakta mana, ba editan naka ba.