Kason aikin gwamnati: mu 'yan zango za mu iya kai ƙara kamar yadda ake yi a Indiya?

Ɗan Aboabo: Salamu alaikum 'yan uwa, dan Allah masu sanin doka ku taimaka min. Duk sanda aka buɗe ɗaukan aikin gwamnati yaranmu su sayi fom su cika komai, a ƙarshe sai kaji ana cewa ai protoko, wato alfarmar manya, ya cinye guraben, abin yana min ciwo wallahi. Naji wai a Indiya doka ce ta ware wa marasa galihu kasonsu kuma in an taɓa shi kotu suke tafiya. Mu nan Ghana muna da irin wannan?

Malam na Nima: Wa alaikumus salam ɗan uwa. Gaskiya ne, a aikin gwamnatin tarayyar Indiya 'yan Dalit, wato waɗanda al'adarsu ta ajiye a ƙasan kowa, suna da kashi 15, ƙabilun asali 7.5, sauran waɗanda aka bari a baya 27. Amma kar ka ɗauka abin ya zauna lafiya, tun 1992 kotun ƙolinsu ta ce duka kason kada ya wuce rabi, sai a 2019 gwamnati ta ƙara kashi 10 don talakawan da ba sa cikin waɗancan rukunin, aka sake komawa kotu har 2022 alƙalai uku suka yarda biyu suka ƙi. A jihar Uttar Pradesh kuma an ɗauki malaman makaranta dubu 69, wasu suka ce an ci musu kaso, sai a 2024 babbar kotu ta ce a sake jerin sunayen gaba ɗaya alhali mutane sun yi shekaru suna karɓan albashi har wasu sun yi aure da shi, kotun ƙoli ta dakatar da hukuncin, to ka duba halin wanda yake jira da wanda yake ciki. Amma dai su suna da adadi a rubuce da za su nuna wa alƙali.

Hajiya daga Asawase: Malam nan ne matsalarmu. Kundin mulkinmu na 1992 sashe na 35 ya ce a daidaita tsakanin yankuna da kuma maza da mata wajen ɗaukan aiki, amma bai faɗi kashi nawa ba, kuma zango ba yanki bane. Mu mata sai 2024 majalisa ta zartar da dokar daidaito wadda ke neman a kai rabi da rabi, kuma sai da aka daɗe ana bin ta. Ɗana ka faɗa wa yaran su ajiye rasit da sakamakon jarabawa da duk saƙon da aka turo musu a waya, in ba takarda ba lauyan da zai saurare ka.

Baban Yara, Sabon Zango: Ni tambayata ɗaya, in an ba zango kaso wa zai ci? Cikinmu akwai Bahaushe, Mosi, Dagomba, Kotokoli, Zabarma, akwai Alhajin da gidansa ke East Legon, unguwar masu kuɗi, amma cibiyarsa a Nima aka binne, ɗansa ne zai fara ɗauke gurbin kafin ɗan mai koko. Indiya ma sai da kotu ta cire 'ya'yan masu hali daga kashi 27 ɗin nan. Ku tuna Bangladesh a 2024, kashi 30 na zuri'ar mayaƙan 'yanci ne ya fito da ɗalibai titi, aka rasa rayuka da yawa har Firaminista Sheikh Hasina ta bar ƙasar. Ni dai a tilasta musu su buga sunayen waɗanda aka ɗauka da makinsu kowa ya gani.

Ɗan Aboabo: Na gode iyayena. Hajiya to in mun tara takardun, hukumar kare haƙƙin ɗan Adam ta CHRAJ za mu fara zuwa ko lauya kai tsaye?