In bar lokeshan ɗin fim in bi masu dokumentari?

Ɗan Kurna: Assalamu alaikum. Shekarata 4 ina riƙe kyamara a fim mai dogon zango na YouTube. Yanzu wata ƙungiya ta nemi in bi su Haɗejiya wata 2, dokumentari kan manoman shinkafa da ambaliya. Sai ya faɗo daidai lokacin da za mu shiga zango na uku, kuma daraktan maigidana ne, shi ya koya min aiki. Canon 5D gare ni. Waɗanda suka taɓa haɗa biyun, me kuka gani?

Abban Hanifa: Sayi Sony FX3 kawai.

Ɗan Kurna: Yaya, ba kyamara na tambaya ba.

Tsohon Hannu: Ƙanena, saurara. Na yi kwana 18 a fadama da irin mutanen nan. A fim in haske ya ɓaci, darakta ya ce "kat", a sake. A can kuwa wata tsohuwa na ba da labarin yadda ruwa ya ci rumbunta, tana hawaye, batir ya mutu. In ce mata ta sake kukan? Muna dawowa suka ce iska ta cinye sauti, alhali su suka ƙi ɗaukar mai sauti. Rabin kuɗi na karɓa, sauran wai sai an amince da rahoto. Shekara 2 ke nan. Na koma lokeshan na tarar yaron da ke riƙe min fitila ya gaje ni.

Maman Ilham: Allah ya saka maka. Amma ni dubu 50 suka biya ni kullum, har da masauki.

Abban Hanifa: Dubu 50? Hajiya, ni 20 aka ba ni, da kyamarata.

Na Jos: Rashin yarjejeniya a rubuce ne. A makarantar fim ta Jos tun farko ake koya mana.

Tsohon Hannu: Tun ana ɗauka a kaset nake Zoo Road, matattarar 'yan fim a Kano. Finafinai nawa takardarka ta ɗauka?

Sarkin Zolaya: Ka je kawai, ko ba a biya ba ka dawo da buhun shinkafa da zazzaɓin sauro.

Maman Ilham: Ku da kuke yabon fim, furodusa ma ai haka yake. Sai ya ce a jira kuɗin YouTube. Ni ko sunana ba a sa ba a wani, na ƙanin furodusa aka rubuta.

Na Jos: Wannan MOPPAN, ƙungiyar masu shirya finafinai, ya kamata ki kai wa.

Ɗan Kurna: To jama'a, maigidan nawa fa, me zan ce masa?

Abban Hanifa: Hajiya, editan ne ya cire sunan ko furodusan?