A taimaka: me za mu kira "rolling stock" da Hausa?

Tafinta: Salamu alaikum. Gobe da ƙarfe 8 na safe zan shiga shiri a rediyo kan tarihin CRRC, kamfanin gwamnatin Sin mai ƙera jiragen ƙasa. A 1986 aka kafa shi a matsayin kamfani guda a ƙarƙashin ma'aikatar jiragen ƙasa, a 2000 aka raba shi gida biyu, CNR na arewa da CSR na kudu. Da suka fara karya wa juna farashi a kasuwannin waje, sai gwamnati ta sake haɗe su a 2015. Duk wannan ya fassaru lafiya lau. Inda na cije shi ne "rolling stock", wato sunan Turanci da ya haɗe duk abin da ke tafiya a kan layin dogo, ga shi kusan kowane sakin layi sai ya fito.

Ɗan Loko: Wa alaikumus salam. A kwatas ɗin reluwe na Zariya na tashi, babanmu makanike ne. Injin da ke ja, kan jirgi suke cewa. Na fasinja tarago, na gyaɗa da shanu wagunu. Ban taɓa jin kalma ɗaya da ta haɗe su ba. Ka ce "kawunan jirgi da taragai" ka huta.

Malam Nahawu: Ka huta? Haka muka yi ta hutawa har harshen ya cika da jimloli inda wasu ke da kalma ɗaya tak. Ga tawa: gangarau. Daga gangara, a awon fiddau da tashau. Duk abin da ke gangarawa kan dogo, gangarau ne. Kamfanin ƙera gangarau. Ku faɗa a baki ku ji daɗinsa.

'Yar Damagaram: Allah gafarta Malam, na faɗa, kuma abin da na hango shi ne motar da birkinta ya tsinke a gangare. Wa zai sayi tikitin gangarau? Me zai hana "ababen hawa na layin dogo"?

Ɗan Loko: Yaya, tankin mai ba abin hawa ba ne, sai dai in a saman za ki zauna.

Malam Nahawu: Ita kuma wannan "reluwe" da "wagunu" da kake ta jefo mana, Turanci ne aka sa wa hula. Sai an zo ƙirƙira a ce kunne bai saba ba. Kunne da me ya saba ranar da aka haife shi? Kuma da wane jirgin aka san Damagaram da za a zo ana yi mana gyara?

'Yar Damagaram: To fa. Ashe sai mai jirgi ke da Hausa. Jirgin ma asalinsa na ruwa ne, kakanninmu suka ɗora masa ƙasa da sama, ba su ƙirƙiro komai ba, kuma ba wanda ya ce sun yi lalaci. Ni ma "taragu" na sani, ba "taragai" ba.

Ɗan Loko: Duka biyun ana ji. Kar a buɗe wannan kuma.

Tafinta: Jama'a, don Allah, sha ɗayan dare ta wuce.

Ɗalibi a Sin: Afuwan, yanzu na idar da asuba na gani. Su masu kamfanin ma ba kalma ɗaya suke amfani da ita ba. A sunansa na 1986 akwai "jiche cheliang", wato inji da taragai, kalma biyu a jere. Kuma a bakin mutanen gari injin sunansa "huochetou", kan jirgi ke nan daidai wa daida. Ba su ga wata gazawa a nan ba, alhali tun 1881 aka harhaɗa kan jirgi a Tangshan don jan kwal, kuma masana'antar garin tana cikin CRRC har yau. Sai dai akwai matsala ɗaya. Jirgin Fuxing da ke gudun kilomita 350 a awa tsakanin Beijing da Shanghai tun 2017 ba shi da kai daban. Injinan suna shimfiɗe a ƙarƙashin taragan, gaban mai tsinin nan har kujerun fasinja ne a ciki.

Malam Nahawu: Alhamdu lillahi! Jirgi marar kai. Sai ku gaya mini yadda "kawunan jirgi da taragai" za ta ɗauke shi. Gangarau ta ɗauka.

Ɗan Loko: Ranka ya daɗe, amalanke ma ta ɗauka, da baro, da tayar da yara ke garawa.

Tafinta: Ga abin da zan yi. Karon farko zan ce "kawunan jirgi da taragai da wagunu", daga nan sai in riƙa cewa "jiragen ƙasa" kawai. Fuxing kuma jirgi mai tsananin gudu, ba sai na taɓo kansa ba.

Malam Nahawu: Wannan zillewa ce, ba fassara ba. Amma shirinka ne. Ka dai ambaci gangarau ko sau ɗaya, ka ce wasu masana sun ba da shawara.

Tafinta: Wasu, Malam?

Malam Nahawu: To, wani.