Wa'adi biyu ya isa, ko da tsohuwar zuma ake magani?

Ɗan Kwari: Salamu alaikum jama'a. Jiya a rumfa na faɗi wata magana aka yi min ca, shi ne na kawo ta nan. Na ce ƙauyen da ya riƙe ɗan majalisa ɗaya shekara da shekaru ya fi mu 'yan birni wayo. Ku dubi Doguwa da Tudun Wada. Alhassan Ado Doguwa ya fara shiga Majalisar Wakilai a 1992 a jam'iyyar SDP, ya koma a 2007, aka yi ta mayar da shi. A 2015 ya zama bulaliyar majalisa, a 2019 ya zama shugaban masu rinjaye. Mutum 360 ne fa a zauren nan. In ba don mutanensa sun yi haƙuri da shi ba, yaushe ɗan yankin dajin Falgore zai hau wannan kujera?

Malama: Wa alaikumus salam. Alhaji, ka lissafa mana kujerun da shi ya hau. Ni abin da nake son ji, matar da ke Riruwai a mazaɓarsa me ta hau? Muƙamin mutum daban, rabon mazaɓa daban.

Ɗan Kwari: Haba Malama, ai in hannu ya yi tsawo shi ke tsinko na saman reshe.

Auta: Yaya Alhaji, ka yi haƙuri zan ɗan sa baki. Shekarar da ka ambata ta farko ko auren iyayena ba a yi ba. Yau ina da 'ya'ya biyu. Gwamna wa'adi biyu, shugaban ƙasa wa'adi biyu, shi ɗan majalisa kuma sai ka ce sarautar gado? Mu sai yaushe?

Barista: Auta, gaskiya ne tsarin mulkin 1999 ya ƙayyade wa shugaban ƙasa da gwamnoni wa'adi biyu na shekara huɗu-huɗu, bai ce komai ba a kan 'yan majalisa. Kafin a gyara kuwa sai kashi biyu bisa uku na kowace majalisa a Abuja sun yarda, sannan majalisun jihohi 24 cikin 36 su amince. Wato ka miƙa wa mutum wuƙa ka ce ya yanke igiyar da yake rataye da ita. Amma maganar Alhaji tana da tushe. Ƙa'idar majalisa tana fifita tsofaffin shiga wajen raba shugabanci, manyan kwamitoci ma galibi su ake ba. Ahmad Lawan tun 1999 yake majalisa, sai 2019 ya zama shugaban dattawa. Sabon shiga kan ƙarar da shekara biyu yana koyon yadda ake cusa aiki a kasafi.

Malama: To Barista, Farouk Lawan ma ai ya daɗe. Daga 1999 zuwa 2015 yana wakiltar Bagwai da Shanono. Daɗewar ce ta kai shi shugabancin kwamitin binciken tallafin mai a 2012, nan kuma maganar cin hancin dala 500,000 ta taso. Kotu ta ɗaure shi a 2021, Kotun Ƙoli ta tabbatar da shekara biyar a 2024. Wanda ya san duk ƙofofin gida, ya san ta baya ma.

Ɗan Kwari: Don ɗaya ya zame ba a cewa kowa kada ya taka dandamali.

Barista: Kuma ku tuna ƙuri'a ma wa'adi ce. Kabiru Gaya ya yi shekara 16 a Majalisar Dattawa daga 2007, mutanen Kano ta Kudu suka sauke shi a 2023 ba tare da an taɓa tsarin mulki ba.

Auta: Suka ɗora wa? Kawu Sumaila, wanda shi ma ya yi shekara 12 a Majalisar Wakilai. An cire tsoho an sa ɗan tsoho-tsoho.

Mai Dako: Iyayen gidana, ku gafarce ni, ban saba magana a nan ba. Duk cikinku a birni kuke zaɓe, ni kuwa katina na ƙauye ne, can nake komawa in dangwala. Ba zan faɗi sunan namu ba, amma ya daɗe. Wallahi ban san ƙuduri ko ɗaya da ya kawo ba, haka duk 'yan garinmu. An haƙa mana rijiyar burtsatse, allon da aka kafa mai hotonsa ya fi famfon girma. Wata uku ta yi ta tsaya. Har yau matanmu rafi suke zuwa.

Auta: Ka gani ko! Sai ka kayar da shi.

Mai Dako: Shi na sake zaɓa.

Malama: Ikon Allah. Saboda me, bawan Allah?

Mai Dako: Malama, ranar da haihuwa ta zo wa matar yayana da gardama cikin dare, yaron ɗan majalisar muka kira, mota ta zo ta kawo ta asibiti a nan Kano, aka biya kuɗin aiki. Ƙanena da ya gama karatu ya zauna shekara huɗu, takardarsa ce ta sama masa aiki. Sabon da ya fito neman kujerar kuwa ko hanyar garinmu bai sani ba, sai da aka yi masa kwatance. Idan ya ci, lambar wa zan kira?

Barista: Ita rijiyar, ka sani ba daga aljihunsa ta fito ba. Ayyukan mazaɓu ne da ake sakawa a kasafin tarayya, an daɗe ana ware musu naira biliyan 100 a shekara, ma'aikatu ne ke ba da kwangilar. Tun 2019 hukumar ICPC mai yaƙi da cin hanci ke bin sawunsu. Kuna da damar kai ƙorafi.

Mai Dako: Ranka ya daɗe, in kai ƙarar wanda ya ɗauki ƙanena aiki? Da wane ido zan dubi tsohuwarmu?

Ɗan Kwari: Alhamdu lillahi, ga shaida daga bakin mai ita.

Malama: Alhaji kada ka yi saurin murna, ba kai ya goya wa baya ba. Kai ka ce wayo ne ya sa suke riƙe shi. Shi kuwa cewa ya yi babu asibiti a kusa, babu aiki sai da takardar wani. Shekara nawa mutumin nan yana kan kujera, har yanzu mai naƙuda sai an ɗauko ta zuwa birni?

Auta: Kuma wa ya ce talaka ne ke fitar da ɗan takara? Daliget ne suka sha fitar da shi a zaɓukan fid da gwani na baya, su kuwa an san wanda ke kula da tukunyarsu.

Mai Dako: Ni dai ban iya wannan lissafin ba. Alhaji, motar atamfar nan ta iso tun ɗazu, a sauke a shago ko a kai sito?

Ɗan Kwari: Kai sito. Malama, ban gama da ke ba, sai bayan La'asar.