Birki ya nutse min a Hawan Kibo, bakanike ya ce masta ne, dan Allah ku ba ni shawara

Baban_Ummi:

Salamu alaikum jama'a, masu mota da masu gyara. Dan Allah shawara nake nema kafin in saki kuɗi. Corolla ce 2005 otomatik, beljiyom na saye ta shekarun baya kuma gaskiya ban da juyen mai da taya ba ta cika cin kuɗina ba. Ranar Asabar muka tashi daga Jos za mu Abuja biki, iyali a baya, but cike da kaya har da buhun dankali da za a kai wa surukai, muna cikin gangaren Hawan Kibo ga wata tirela a gabana tana jan ciki babu halin wucewa, ƙafata na kan birki tun daga sama, can sai na fara jin ƙauri yana shigowa ta taga, ina takawa sai naji feda ta tafi ƙasa sululu, sai da na rinƙa famfa ta kafin ta ɗan kama. Wlh jikina har rawa yake. Allah ya taimaka na samu gefe na faka, muka zauna kamar rabin awa, da na sake tayarwa sai birki ya dawo kamar babu abin da ya faru, a haka muka je muka dawo.

To yanzu abin da nake gani, in ina gudu kamar 80 na taka birki sitiyari na karkarwa a hannuna, kuma motar tana ɗan ja zuwa dama. Na kai ta Farin Gada, bakaniken ko taya bai kwance ba, ya taka feda ya ce masta, wato famfon da ke tura man birki zuwa tayoyi, ya mutu a kawo wani. Man birkin kuwa tunda na saye ta ba a taɓa juye shi ba, in ya yi ƙasa ƙari kawai ake yi. Masta ne da gaske ko akwai abin da ya kamata a duba tukuna?

Tsohon_Direba:

Wa alaikumus salam Alhaji, barka da arziki, Allah ya ƙara tsarewa. Ni ba makanike ba ne amma hanyar Jos zuwa Akwanga na ci ta da haya shekara da shekaru, abin da ya same ka mun san shi sarai. Hawan Kibo ba a sauka da ƙafa, da giya ake sauka. Tun kana sama kafin gangaren ya fara ka cire ta daga D ka mayar 2, in ka biyo bayan babbar mota tana rarrafe ma ka sa L, injin zai yi ƙara ka ƙyale shi ba abin da zai same shi, shi zai riƙe maka motar. Birki kuma ka taka da ɗan ƙarfi gudu ya ragu ka ɗaga ƙafa gaba ɗaya ya sha iska, ba wai ka ɗora ƙafa a kai kana goga shi har ƙasa ba. Masu sa mota a firi wai suna tattalin fetur kuwa ba na ma son maganarsu.

Abu ɗaya nake so ka faɗa mana, da ka faka ka watsa wa tayar ruwa? Don yara da yawa haka suke yi, su ɗauko fiya wata su fesa a ƙarfe yana huci, kaji cuuu, su ce sun sanyaya. Hakan na iya lanƙwasa dis, wato faifan ƙarfen da birki ke kamawa, ko ma ya tsaga shi.

Baban_Ummi:

A'a Baba ban zuba komai ba, bonet kawai na buɗe muka jira. Nagode sosai.

Usta_Apo:

Oga barka da arziki. Kar ka sayi masta tukuna. Mastan da ya mutu ba ya warkewa don an zauna rabin awa a gefen titi, wannan kaɗai ya isa ya sa ka yi shakka.

Birki in ya ɗauki zafi hanya biyu yake bi ya ƙi aiki kuma a ƙafa ake gane su. In fad ne ya ƙone, wato abin da ke goga dis ya tsayar da taya, feda tana nan da tauri, kana dannawa da ƙarfi amma mota ba ta tsayawa. In kuma feda ta yi laushi ta tafi ƙasa sai ka famfa, bayan ta huce ta dawo, to man birkin ne ya tafasa a cikin kalifa, wato ƙarfen da ke matse fad a jikin dis, ya zama tururi, shi kuma tururi yana matsuwa ba kamar mai ba, kana takawa kana matsa iska ne kawai ba abin da ke isa ga taya. Naka na biyun ne, ƙaurin da kaji kuma fad ɗin ne ke cewa shi ma ya kusa.

Dalili shi ne man birki yana shan danshi daga iska a hankali, ta murfi, ta tiyo, ko ba a buɗe shi ba. Man birki nau'in DOT 3 wanda shi aka rubuta a murfin Corolla ɗinka, yana sabo ƙa'idarsa kar ya tafasa ƙasa da digiri 205, amma in ya sha ruwa sai ya faɗo wajen 140. DOT 4 kuwa 230 yana sabo, 155 in ya sha ruwa. To kai naka ya ga damina nawa a Jos ba a taɓa juye shi ba, ga lodi, ga ƙafa a kai tun daga sama. Shi ya sa ake cewa a juye duk shekara 2, amma mu nan ƙari muka sani, sabo a saman gorar man, tsohon yana can ƙasa wajen taya inda zafin yake.

Ka gwada mastan da kanka yau ba ko sisi. Ka tada mota tana P, ka ɗora ƙafa a birki da ƙarfi madaidaici ka riƙe kamar minti ɗaya kar ka famfa. In feda ta tsaya cak a inda take masta lafiya lau. In tana zamewa ƙasa a hankali a hankali kuma babu yoyo a ko'ina to sannan ne za a yi maganar robar cikin masta. Shi ma servo, wato abin da ke ƙara wa ƙafarka ƙarfi a kan feda, haka ake gwada shi, ka kashe mota ka famfa har feda ta yi tauri, ka riƙe ka tada injin, in ta ɗan sauka kaɗan yana aiki.

Jan da take yi dama shi ya fi damuna ma. Kalifa tana zamewa ne a kan wasu fin guda biyu, in robar da ta rufe su ta yage ruwa da ƙura suka shiga sai fin ya yi tsatsa ya ƙame, fad ya dinga goga dis ko ba ka taka ba, ko kuma gefen ya daina kamawa sosai. Ka sa a kwance tayoyin gaba duka biyu kana tsaye, sufana mai lamba 14 ce ke kwance kalifar, ka kalli fad huɗun nan a jere a ƙasa. In ɗaya ya cinye saura kaɗan ƙarfe ɗan uwansa yana da nama, ko ya ci a karkace, ka kama ɓarawon. Kuma kar ka ce tunda dama take ja dama ce ta lalace, in ta hagu ce ba ta kamawa motar dama za ta tafi. A zare fin a goge a sa giris na birki mai silikon, ba baƙin giris ɗin da suke shafa wa komai ba, wancan yana kumbura roba bayan wata biyu ka dawo gidan jiya. Fad in namansa ya kai milimita 3 a canza, kuma hagu da dama tare.

Dan_Gangare:

Ni fa ban yarda da wannan lallaɓawar ba. Mota ta shekara wajen 20, mutum da iyalinsa a ciki, birki ya riga ya ba ka tsoro sau ɗaya, me za ka jira? Ka shiga Dilimi ka ɗauko masta beljiyom da dis biyu da fad a zuba mata gaba ɗaya hankalinka ya kwanta, rai ya fi kuɗi malam.

Usta_Apo:

Ɗan uwa rai ya fi kuɗi ba musu, amma mastan beljiyom ɗin nan shi ma daga jikin wata mota mai irin shekarun aka ciro shi, ya zauna a shago a bushe babu mai a ciki Allah kaɗai ya san tsawon lokacin, robarsa ta ƙeƙashe. Sai ka cire mai aiki ka sa wanda ba ka san tarihinsa ba, kuma fin ɗin da ya ƙame yana nan yana jiranka a gangare na gaba. Dis kuwa ina tare da kai in an auna ya gaza.

Baban_Ummi:

Usta na gwada kamar yadda ka ce, feda ta tsaya ba ta motsa ba. Na buɗe gorar man kuma, baƙi ne wuluk. Da yamma na kai wani gareji daban a Bauchi Road aka kwance, fad ɗin ciki na gefen direba ya kusa ƙarewa na waje kuma kamar sabo, fin ɗin ƙasa sai da aka sa filaya da guduma kafin ya fito, ja jawur da tsatsa. Dis ɗin gefen yana da wani shuɗi-shuɗi a fuska. Shi wannan ya ce a kai a share dis ɗin a inji. In yarda ko sabo zan saya? Sannan yaya ake juye man yadda ya kamata, don in sa ido.

Usta_Apo:

Madalla, ka ga ni. Shuɗin nan zafi ne ya ci ƙarfen. Maganar sharewa awo ne zai raba gardama, a jikin dis ta gefe ko ta ciki akwai rubutu MIN TH da lamba, shi ne ƙarshen kaurin da kamfani ya yarda a yi aiki da shi. A sa ma'auni a auna, in bayan an share zai sauka ƙasa da lambar nan a jefar, don siririn dis ya fi saurin ɗaukar zafi kuma karkarwar za ta dawo. Ni in nawa ne kuma ina bin hanyar Akwanga, wanda ya yi shuɗi sabo zan sa, guda biyu. Kafin a ɗora a kankare tsatsar fuskar hob, inda dis ke zama, tas da burushin ƙarfe, ɗan tsatsa kaɗan a wurin ya isa ya sa sabon dis ya zauna a karkace. Notin taya kuma a ɗaure shi a gicciye da hannu daidai, Toyota 103 Nm ta ce, ba yaron mai faci ya sa bututu a sufana ya hau kai da ƙafa biyu yana tsalle ba, wannan ma yana jawo rawar sitiyari.

Juyen mai mutum biyu ne, ɗaya a ciki ɗaya a ƙasa. A zuƙe tsohon na gora da sirinji a cika da sabo daga galan ɗin da aka fasa a gabanka, kar ka yarda da wanda aka ɗebo a buɗaɗɗiyar roba a lungun shago. A fara da tayar da ta fi nisa da masta, baya dama, baya hagu, gaba dama, sannan gaba hagu. Na ciki ya famfa ya riƙe, na ƙasa ya buɗe ɗan notin fitar da mai da ke jikin birkin tayar ya rufe kafin a ɗaga ƙafa, a yi ta yi har sai mai ya fito garau babu kumfa, kuma ana yi ana leƙa gora kar ta ƙafe iska ta shiga a koma farko. Ka sa ɗan katako a ƙarƙashin feda kar yaron ya rinƙa kai ta har ƙasa, tsohon masta akwai datti a can ƙarshe inda robar ba ta saba zuwa ba, nan ne ake yaga ta, sai washegari a ce maka ai dama mun faɗa maka masta ne. DOT 3 ko DOT 4 duk za ta sha, amma DOT 5 kar ya kusanci motarka, na silikon ne ba ya haɗuwa da su. Man giya ko na injin ko ɗigo kar ya shiga. In ya zuba a fenti a wanke da ruwa nan take don yana cin fenti.

Tunda an ɗaga bayan a buɗe duram ɗin birkin baya ma a leƙa, in ka ga jiƙa a jikin ƙaramar silindar da ke tura shu to tana yoyo a canza, a kuma saita birkin hannu. In an gama kar ka sa giya sai ka famfa feda ta yi tauri, don fistin ɗin an tura shi ciki, takun farko babu komai. Kwanakin farko ka bi sabon fad a hankali ya zauna.

Maman_Hanan:

Sannunku da ƙoƙari. Usta dan Allah nima in ɗan raɓa, tawa Civic ce ina Kubwa, jar fitilar birkin hannu tana kawowa in na sha kwana ko na taka da ƙarfi sai ta ɗauke, alhali hanbirki a sauke yake. Mai gidan ya ce in ƙara mai kawai.

Usta_Apo:

Hajiya fitilar nan aiki biyu take yi, ta hanbirki ce kuma ita ce ke nuna mai ya yi ƙasa a gora, in kin sha kwana man ya karkata sai ta kawo. Amma man birki ba ya ƙonewa kamar na injin, in ya sauka to ko fad ne ya cinye fistin ya fito man ya bi shi, ko kuma akwai yoyo. Ki ce wa Oga a duba fad da bayan tayoyi huɗun da ƙasan inda kike fakawa da safe kafin a ƙara. In fad ne, ana sa sabo za ki ga man ya hau da kansa, wanda aka riga aka cika masa gora ma har ambaliya yake yi. In kuwa an ga jiƙa a tiyo ko bayan taya kar ki hau titin Kubwa da ita, a kira bakanike ya same ta a gida.