Sifirin rol irin na Sinawa: me zan sa maimakon naman alade, kuma in sayi falle ko in yi?

Maman Ilham: Assalamu alaikum. Ranar Asabar muna da walimar sauka, an ɗora mini sifirin rol 150, wato falle siriri na fulawa da ake naɗe haɗi a ciki a soya. Irin na Sinawa nake so, mai jatan lande, ba mai dankali ba. Girkin da na samu naman alade ne da jatan lande, har da giyar girki. Wane nama zai ba ni wannan laushin? Fallen in saya ko in yi? In na naɗe tun Alhamis na sa a firiza zai kai? Wutarmu ba ta wuce awa shida a rana.

Ummu Sadik: Wa alaikumus salam, Allah ya sa albarka a karatu. Ki dafa dankalin turawa ki yanka ƙanana, ki soya niƙaƙƙen nama da kori da attaruhu, ki haɗa. Yana auki sosai.

Binta Kurna: Anti Ummu, ta ce fa ba mai dankali ba. Maman Ilham, cinyar kaza za ki nema, kada ki ɗauki ƙirji. Kitse ne ke sa wancan naman laushi, ƙirjin kaza kuwa ba shi da shi, bushewa yake yi. Ga ma'aunin guda 50, sai ki ninka uku: tsokar cinya rabin kilo, ɓararren jatan lande giram 250, kabeji giram 400, karas biyu, lawashi, citta, tafarnuwa. Ki daddatsa kazar da wuƙa, kada ki kai inji. Ki cuɗa ta da soya sos (baƙin ruwan ɗanɗano na waken soya) cokali biyu, farin masoro, garin sitacin masara cokali ɗaya da ɗan mai, ta yi minti 20. Giyar ki manta da ita, aikinta kashe ƙarni ne, ruwan citta cokali biyu zai yi miki.

Alhaji na Guangzhou: Binta ta yi daidai, amma ta bar abu biyu. A nan kudancin Sin ana sa busasshen naman kaza baƙi, wato wanda ke tsirowa, ba tsuntsuwar ba. A jiƙa shi a ruwan ɗumi, a matse, a yanka siri-siri. Sai man riɗi na soyayyen riɗi, ƙaramin cokali ɗaya bayan an sauke. Kori da attaruhu ba sa shiga ko kaɗan. Sifirin rol abincin bikin sabuwar shekarar Sinawa ne, suna kamanta shi da sandar zinariya saboda launinsa.

Ɗan Gwale: Kaza da naman kaza a cikin falle ɗaya, Alhaji za a rikita masu zuwa cefane 😂

Binta Kurna: Jatan landen: ki tsaga bayansa ki zare baƙin zaren nan, hanjinsa ne, yana sa tsakuwa-tsakuwa a baki. Ki murza da gishiri, ki ɗauraye, ki tsane da tsumma mai tsabta. Ki yanka kamar girman ƙwayar gyaɗa. Minti ɗaya ya ishe shi a wuta, da ya yi ja ki kwashe, don zai ƙara dahuwa a cikin mai. Kabeji ki barbaɗa masa gishiri, ki bar shi minti 15, ki matse da hannu. Duk rol ɗin da ya fashe ko ya yi lagwab, ruwa ne ko zafin haɗi. Ki baje haɗin a faranti, ki ɗan karkata shi ruwan ya taru gefe, kada ki naɗe sai ya huce sarai.

Hajiya Mai Kayan Biki: Ni dai ina roƙonki da Allah kada ki sayi fallen kanti. Abin da ake mana a nan zalunci ne. Wuta ta ɗauke ya narke, ta dawo ya sake daskarewa, a sayar maka a haka ba wanda zai ce uffan. Ka buɗe ka tarar duk ya manne ya zama dunƙule, gefen ya bushe yana karyewa, tsakiya ya jiƙe har da ɗigon baƙi. Ka mayar, su ce an riga an buɗe. Haka na yi asarar odar biki guda, masu biki ba su sake nemana ba, mai kantin ko haƙuri bai ba ni ba. Jatan landen ma haka. In kin ga ƙanƙara ta taru fari a cikin ledar, ko kan ya yi baƙi, ko yana wani wari mai hawa hanci, ki ajiye musu kayansu. Ga tsada, fakiti mai falle 50 kuɗinsa ya sayi fulawa mudu uku.

Zee Kaduna: Hajiya ina kike saye? Nan bai kai kuɗin mudu biyu ba. Kuma ana gane mai kyau, ki lanƙwasa fakitin kaɗan, in ya narke ya sake daskarewa za ki ji shi kamar katako ɗaya.

Hajiya Mai Kayan Biki: Ƙaramin kike nufi, na samosa. Ki tambayi babban ki ji.

Ummu Sadik: Yin sa ba wuya. Fulawa kofi biyu, garin sitaci cokali biyu, gishiri kaɗan, ruwa kofi biyu da rabi zuwa uku. Ki dama ya yi ruwa-ruwa, ki tace, ya huta rabin awa. Kaskon da ba ya kamu, wuta ƙasa-ƙasa, ki shafa da burushi siriri. Da gefen ya fara ɗagowa ki ɓare, ba a juyawa. Ki riƙa rufewa da tsumma mai ɗan danshi. In kaskon ya yi zafi da yawa ƙullun zai bi burushin ya dunƙule, sai ki goge da jiƙaƙƙen tsumma tsakanin falle da falle.

Alhaji na Guangzhou: Na burushi ba ya yin ƙaras-ƙaras kamar na asali. Sinawa kwaɓi suke yi mai danƙo, su dangwala a kasko su ɗage.

Hajiya Mai Kayan Biki: Alhaji, da girmamawa, kai ci kake yi, mu muke tsayuwa a gaban wuta. Ka taɓa naɗe guda ɗari?

Alhaji na Guangzhou: Hajiya ai na Sinawa ta ce tana so, shi na faɗa.

Binta Kurna: Ku bari mu amsa mata maganar firiza. Da wutar awa shida kada ki daskarar da mai jatan lande, zai narke ya jiƙa fallen, kuma akwai haɗarin ɓacin ciki. Ki yi fallen Juma'a da yamma, haɗin da daddare, ya huce ki sa a kula da ƙanƙara, ki naɗe bayan asuba. Wajen naɗewa, kusurwa ɗaya ta fallen ta kalle ki, haɗi cokali ɗaya da rabi, ki naɗe da ƙarfi kada iska ta shige, ki ninko gefe biyu, ki liƙe da kwaɓin fulawa. Mai ya kai digiri 170 zuwa 180 na Salshiyas. In ba ma'auni, ki jefa guntun falle, ya taso nan take da ƙananan kumfa. Shida-shida, minti huɗu zuwa biyar. Ki jera su a tsaye cikin matsami, kada ki rufe da zafi. Kuma ki sanar da mutane akwai jatan lande, wasu jikinsu ba ya ɗauka.

Maman Ilham: Na gode ƙwarai. To fallen fa, in saya ko in yi? Ni kaɗai ce sai ƙanwata.

Zee Kaduna: Ki saya.

Hajiya Mai Kayan Biki: Ki yi, fulawa mudu ɗaya da rabi ya ishe ki. Damuwarki ma mai ce. Man gyaɗan da ake aunawa yanzu gauraye ne, kina ɗorawa ya hau kumfa, kafin zubi na uku ya yi baƙi.

Ummu Sadik: Wallahi kuwa. Wanda ake ce wa na ƙuli ma yanzu ba ƙanshi. Akwai wadda ta san inda ake matsewa a gaban mutum?

Zee Kaduna: A ina kike, Anti? In Kano ce ki yi mini magana ta ciki.