Kebul ko Wi-Fi a ɗakin kwamfuta 16? Ina neman shawara kafin Litinin

Malamin Tudun Wada: Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina da ƙaramar cibiyar koyar da kwamfuta a Zariya, bana kuma ina so in fara horar da yara masu shirin JAMB yadda ake amsa tambayoyi a kwamfuta. Na samu kwamfutocin tebur na hannu guda 16, da babba guda ɗaya da za ta riƙe manhajar tambayoyin, sauran su riƙa ɗauka daga wurinta. Ofishina yana wani ginin daban a cikin harabar, tazarar kamar mita 40, can na'urar intanet ɗina take.

Masu aiki biyu na kira. Na farko ya ce a ja kebul zuwa kowace kwamfuta, a takardarsa ya rubuta "hardwired", kaya da aiki naira 310,000. Na biyu ya ce wannan aikin mutanen da ne, rauta ɗaya, wato na'urar da ke watsa Wi-Fi, da 'yan ƙananan na'urorin Wi-Fi da ake sokawa a USB sun isa, naira 165,000. Damuwata ita ce gidan haya ne, mai gidan ya ce kar a fasa masa bango, kuma saura wata 14 hayar ta ƙare. Intanet ina da shi, ba shi nake tambaya ba. Don Allah wanda ya taɓa irin wannan aikin ya gaya mini abin da ya gani. Litinin zan ba da kafin alƙalami.

Abba Gwale: Wa alaikumus salam. Malam ka sa Starlink kawai ka huta. Tun da na sa a shagona ban ƙara kallon kowa ba.

Malamin Tudun Wada: Na gode Abba, amma yaran ba intanet za su hau ba. Kwamfutocin ne nake so su riƙa magana da babbar da ke cikin ɗakin.

Ɗan Beirut: Ikon Allah, yau Bazazzage ne da kwamfuta 16! Bawa ya yi arziki bai gaya wa ubangidansa ba. To saurara, ka zo Kano titin Beirut, kwalin kebul samfurin Cat6 mai mita 305 naira 48,000 muke bayarwa. Kwali ɗaya ya ishe ka har ya yi saura. Mai 310,000 ɗin nan yanka ka zai yi.

Maman Hanif: Alhaji Ɗan Beirut, kwalin 48,000 ɗin nan tagulla ce zalla ko mai rufi? A watan jiya na sayo wa wani aiki kwali a Abuja naira 135,000, kuma na zagaya kafin in saya. Wanda ake bayarwa da araha yawanci sanholo ne a ciki, an shafa masa tagulla a sama. Malam, duk kebul ɗin da aka kawo maka ka fere silin waya ɗaya ka kankare shi da wuƙa. In fari ya fito, sanholo ne. In ka kara masa ashana ma nan take zai lanƙwashe ya zube, tagulla kuwa sai dai ta yi baƙi. Sanholo yana saurin karyewa a wurin da aka matse kai, shi ya sa yau kwamfuta ta haɗu, gobe ta ƙi.

A kan tambayarka, ni wannan ce sana'ata, kuma kwamfutar da ba a ɗaga ta daga tebur kebul nake ja mata. Wi-Fi rijiya ce mai guga ɗaya: duk na'urorin da ke kan tasha ɗaya bi da bi suke yi, wata na aikawa sauran na jira. Da kebul kowace kwamfuta da layinta har zuwa suwic, wato akwatin da duk kebul ɗin ke haɗuwa a jikinsa. Yara 16 su danna fara jarrabawa a lokaci guda, nan ake ganin bambancin, balle da 'yan na'urorin USB masu arha da ke zafi su katse.

Ɗan Beirut: Hajiya shekara nawa muna sayar da shi, ba wanda ya dawo mana da shi.

Maman Hanif: Ba za su dawo ba Alhaji, don ba su san daga kebul ɗin matsalar take ba. Kwamfutar suke zagi.

Baban Sumayya: Malam, ka ji maganar wanda ya ɗanɗana. Kar ka yarda a ja maka waya. Ni makaranta gare ni, firamare da ƙaramar sakandare, na tara kuɗi da kyar na haɗa ɗakin kwamfuta. Wani yaro da aka haɗa ni da shi ta wajen surukina, wai injiniya, ya zo ya ce zai haɗa ɗakin da ofishin hedimasta. Ya ɗauko kebul ya ratso tsakar makaranta da shi ta sama, ya ɗaure a jikin ƙarfen tankin ruwa. Na tambaye shi ba matsala? Ya ce Baba ko a banki haka ake yi. Na biya shi cif, har da na mota.

Damina ta faɗi. Wani dare aka yi ruwa da tsawa, kuma wallahi komai a kashe yake, na tabbatar da hannuna kafin in tafi gida. Da safe suwic ya mutu, na'urar intanet ta mutu, kwamfuta bakwai wurin soka kebul ɗinsu ya ƙone, biyu ma ko tashi ba su ƙara yi ba. Na kira yaron, ya ce ƙaddara ce. Na ce ƙaddara ce, amma zo ka duba. Daga ranar lambata ba ta ƙara shiga wayarsa ba. Na je wurin surukin nawa, magana ta nemi ta zama ta gida, har mai ɗakina ta yi kwanaki ba ta yi mini magana. Iyayen yara sun biya kuɗin kwamfuta na zangon, ni kuma ba abin da zan nuna musu. Wata uwa ta tsaya a bakin ƙofa gaban ɗalibai ta ce mini mun ci kuɗin marayu. Har yau in na tuna sai raina ya ɓaci.

Ummu Aisha: Innalillahi. Allah ya mayar da alheri Baba. Irin waɗannan yaran sun yi yawa, kowa ya sayi filaya ya zama injiniya.

Abba Gwale: Baba da ka kai shi wurin 'yan sanda.

Baban Sumayya: Ɗan ƙanwar surukina ne fa. In kai shi ina? Da wane ido zan shiga gidan?

Maman Hanif: Baba, Allah ya huci zuciyarka, abin da ciwo. Amma ba kebul ɗin cikin ɗaki ne ya cuce ka ba, wanda aka ratsa da shi sararin sama ne. Ba sai tsawa ta faɗo a kansa ba, ko kusa ta sauka doguwar wayar tagulla tana kwasar ƙarfin ta kai shi duk abin da ke soke a bakinta, a kunne yake ko a kashe. Tsakanin gini da gini ko dai a sa faiba, tunda zaren gilashi ne wuta ba ta bin sa, ko a kafa ƙananan rediyo biyu suna kallon juna. Malam na Zariya, mita 40 ɗin nan taka ita ce wurin da zan ce kar a ja tagulla, ko da yake kebul yana kai mita 100 lafiya lau.

Baban Sumayya: 'Yata, shi ma da irin wannan daɗin bakin ya zo mini.

Malam Poly: Ina ganin kafin a yi nisa ya kamata mai tambaya ya san abin da aka rubuta masa a takarda. Asalin wannan kalma ta "hardwired" a ilimin kwamfuta tana nufin aikin da aka gina a jikin na'ura da wayoyi, wanda ba a sauya shi da manhaja sai an taɓa wayoyin. Kwamfutar ENIAC da aka kammala a Jami'ar Pennsylvania ta Amurka a 1945, in za a ba ta sabon lissafi sai an zare igiyoyi an sake soka su, aikin da kan ci kwanaki. A 1951 Maurice Wilkes na Cambridge ya kawo dabarar ajiye umarnin sarrafa kwamfuta a matsayin ƙaramin shiri maimakon a ɗinke shi da waya, har yau muna koyar da bambancin hanyoyin biyu. Masu haɗa kwamfutoci daga baya suka ari kalmar suna nufin duk abin da aka haɗa da kebul. Masu aikin wutar gida kuma in sun faɗe ta suna nufin abin da aka haɗa kai tsaye ba filogi ba soket, irin fankar sama. To kai da kake gidan haya, tambayi mutumin wanne yake nufi. Zai binne a bango ne, ko zai bi da shi ta cikin kwaroron roba a gefen bango, da kan da ake zarewa? In na biyun ne, ranar tashi ka naɗe kayanka ka tafi da su.

Ɗan Beirut: Malam an tambayi kuɗin kebul ka kai mu 1945. Ka taɓa matse kan kebul ko sau ɗaya?

Malam Poly: Ina koyar da waɗanda ke matsewa, Alhaji.

Ɗan Beirut: Su ne suke zuwa shagona da difloma ba su san jerin launi ba. Yarona da bai gama sakandare ba ido rufe zai jero maka: fari-lemo, lemo, fari-kore, shuɗi, fari-shuɗi, kore, fari-ƙasa, ƙasa. Aiki a hannu yake.

Ummu Aisha: Amma fa duk cikinku Malam Poly ne kaɗai ya tuna gidan haya ne.

Maman Hanif: Jerin yaronka daidai ne Alhaji. Sai dai a gwada bayan an matse. Sili takwas ne a ciki, cikakken gudun layin, wato gigabit (megabit 1,000), yana buƙatar dukkansu, in ɗaya bai kama ba sai layin ya faɗo megabit 100 ko ya ƙi gaba ɗaya. Malam kar ka cika kuɗin aiki sai an sa na'urar gwaji a kowane kebul ka ga fitila takwas sun kama a jere da idonka.

Sani Kwanar Dangora: JAMB ba ta yarda da Wi-Fi a cibiyar jarrabawa, kuma sai kana da kwamfuta 250. Da 16 ba za su ba ka ba, kar ka ɓata kuɗinka.

Malamin Tudun Wada: Yaya Sani ba rajistar cibiya nake nema ba, horarwa ce kawai. Hajiya Maman Hanif, in na ɗauki shawararki, kebul a ɗaki rediyo tsakanin gini, nawa zai kama? Kuma kwaroron roban ana kafa shi ba tare da huda bango ba?

Abba Gwale: Ni dai kafe ɗin abokina kwamfuta 10 ne a kan Wi-Fi, shekara biyu ba abin da ya same su. 70,000 ya kashe duka.

Ɗan Beirut: 70,000 a wace shekarar? Na'urar USB ɗin kaɗai yanzu 7,500 ce guda.

Ummu Aisha: Ni 4,000 na saya.

Ɗan Maraɗi: Salamu alaikum. Nan wajenmu kwalin jikka 35 na sefa na gane shi a kasuwa, amma ban san ko na tagulla ba ne. Ni abin da ya kashe mini kaya ba tsawa ba ce, kuran ne, wato wutar lantarki. A ɗauke a maido da ƙarfi, suwic biyu na rasa haka.

Baban Sumayya: Yauwa, ga wata masifar. Bayan na lallaɓa na gyara huɗu daga cikin kwamfutocin, wata rana da azahar aka kawo wuta mai ƙarfi, fitilu suka yi fari fat, ta tafi da biyu da injin ɗab'i. Na rubuta takarda na kai ofishin masu wuta, suka ce in kawo rasit ɗin kayan. Kayan hannu wa ke ba ka rasit? Ƙarshen wata kuma ga takardar kuɗi ta zo, ba ragin ko kwabo.

Sani Kwanar Dangora: Mu da masu wuta suka sa a rukunin Band A fa? Tun Afrilun 2024 da aka mayar da kuɗin wuta naira 225 kowane yunit aka ce awa 20 za a riƙa ba mu a rana. Unguwarmu in mun ga rabin haka mun yi sallah.

Ummu Aisha: Ka manta Oktoban 2024 da layin Shiroro zuwa Kaduna ya lalace, Arewa ta kwana fiye da mako a duhu? Ƙanina mai shagon buga takardu a fetur ya ƙarar da ribar wata uku.

Ɗan Maraɗi: Ku mako guda kuka yi. Mu da aka yanke muna layin Najeriya a watan Agustan 2023, sai Maris na 2024 aka maido.

Abba Gwale: Shi ya sa na ce sola. Malam ka bar maganar kebul tukuna, kuɗin nan ka fara zuba su a batir.

Ɗan Beirut: Batir ma akwai na jabu, an cika shi da yashi don ya yi nauyi. Ka zo wurina Bazazzage, zan yi wa bawana ragi.

Baban Sumayya: Ni tambayata, akwai wanda masu wuta suka taɓa biyansa kayan da suka ƙona masa? Mutum ɗaya nake so ya fito ya ce ni an biya ni, ya gaya mini ofishin da ya bi, don takardata tana nan na ajiye kwafinta.